Gindin nifofiya ɗaya, yaya za a yi ya zama goma?

Wata Hajiya daga Jos ta aiko da tambaya kamar haka: "Shekara biyar ke nan da maƙwabciyata ta ba ni wani fure mai dogon ganye kamar ciyawa, yana fitar da sanda mai kai ja da rawaya, wanda Turawa ke ce wa red hot poker. Yanzu ya cunkushe wuri guda, furen ma ya ragu. Ina so in jera shi a bakin katanga. Na yanki ganye na soka a ƙasa ya ruɓe, na sa sandar furen a ruwa ba ta yi saiwa ba. Na kuma tara 'ya'yansa a kwalba. Ta ina zan ɓullo masa? Ƙanwata da ke Kano ma tana so in kai mata."

Hajiya, sannu da ƙoƙari. Abin da kike nema yana nan cikin cunkoson da kike kuka da shi. Gindin da ya shekara biyar ba a taɓa shi ba ya riga ya haifa miki dashe, saura ki tone ki raba. Wannan ita ce hanyar da nake bi, ita ce kuma zan fi daɗewa a kanta. Maganar kwalba za ta biyo baya.

Sunan wannan tsiro a wurin masana Kniphofia, mu dai a lambu nifofiya muke cewa. Wani masanin tsirrai, Conrad Moench, ya raɗa masa sunan a 1794 don tunawa da wani likita Bajamushe, Johann Hieronymus Kniphof, wanda ya rasu a 1763. Sunan da Turawan Ingila suka ba shi yana nufin ƙarfen tona wuta da ya yi jajir, kuma duk wanda ya taɓa tsayawa a maƙera ya ga ƙarfe ya fito daga wuta zai gane abin da suka hango. Amma tsiron ɗan Afirka ne. Akwai kusan iri 70, mafi yawansu a Afirka ta Kudu da Lesoto, wasu a tsaunukan Habasha da Kenya da Tanzaniya, ɗaya ma a tuddan Bamenda na Kamaru, nan kusa da mu. Ɗan'uwan kabar giwa ne, danginsu ɗaya, kuma a nan mutane da yawa suke ruɗewa, don kabar giwa ganyenta mai kauri ne cike da ruwa, tana jure a jefar da ita a rana mako guda, nifofiya kuwa ganyenta siriri ne mai kwari a tsakiya, ajiyarta duk a saiwa take.

Ganyen da kika soka bai yi miki laifi ba. Ba shi da idon da toho zai fito, haka ma sandar furen. Idanun suna ƙasa, a kan wani gajeren kututture mai kauri da ke kwance dab da fuskar ƙasa, inda ganye da saiwa suka haɗu. Nan ne wuyan tsiron. Daga wuyan nan sabbin 'ya'ya ke tsirowa a gefe, kowanne da tarin ganyensa, kamar yadda ayaba ke fitar da 'ya'ya a gindi. Kowace shekara da'irar tana faɗi, na tsakiya suna tsufa, saiwoyi suna cin junansu, shi ya sa kika ga fure ya ragu. Duk shekara uku zuwa biyar ya kamata a raba, ko da ba a bukatar ƙari. Sai dai kada a mai da rabon al'adar kowace shekara, domin tsiro ne da ba ya son a riƙa tayar da shi.

Lokaci shi ne abu na farko. Littattafan Turai za su ce miki a raba bayan sanyi ya wuce, lokacin da ƙasa ta fara ɗumi, amma wannan lissafin ƙasarsu ne. A Jos abin da ke kashe sabon dashe shi ne ruwan Yuli da Agusta, sa'ad da ƙasa ke kwana da ruwa ta tashi da ruwa, rana kuma sai ta yi kwanaki ba ta leƙo ba. Don haka ni nakan raba daga ƙarshen Afrilu zuwa tsakiyar Mayu, bayan an yi ruwa biyu ko uku masu kyau ƙasa ta yi laushi. Haka dashen zai sami wata biyu yana kafa saiwa, raunin wuƙa ya warke, kafin marka ta zauna. Idan wannan lokaci ya kuɓuce miki, ki jira Oktoba, ruwa yana janyewa, amma da sharaɗin kina da ruwan da za ki riƙa ba shi har hunturu ya wuce. Lokuta biyu ne ba na taɓa shi, tsakiyar damina da kuma sa'ad da sandar fure ta fito. Tsiron da ke ɗauke da fure ƙarfinsa duk ya tafi sama, idan kika tone shi kin yi asarar furen, kin kuma wahalar da gindin.

Kafin ki sa diga, ki gyara inda za su koma. Saiwar nifofiya mai nama ce, idan ta sha iska da rana na awa biyu sai ta yanƙwane, kuma wadda ta yanƙwane ba ta komawa daidai. Bakin katangar da kika ambata, ki duba abu biyu. Shin rana tana samunsa aƙalla awa shida a yini? Shin ruwan indararo ko na saman katanga yana zuba a wurin? In inuwa ta yi yawa za ki sami ganye kore shar ba fure. In kuma ruwa na taruwa, ki matsa gaba da taku biyu ko ki ɗaga wurin. Ni kan yi kunya mai faɗi, tsayinta kamar taƙi ɗaya, wato santimita 20 ko kusa da haka, in cakuɗa ƙasar wurin da yashin rafi mai gautsi da ruɓaɓɓen taki. Kwano uku na ƙasa, ɗaya na yashi, ɗaya na taki, in jar ƙasar nan ce mai danƙo sai in ƙara yashin da ɗan tsakuwa. Takin ya zama wanda ya huce ya koma baƙi, ba ya wari. Ɗanyen kashin kaji ƙone saiwa yake yi, ɗanyen na shanu kuma gara yake gayyatowa.

Akwai wanda zai ce ai a ƙasarsu ta asali nifofiya a fadama da bakin ƙorama take fitowa, me zai sa a ji tsoron ruwa? Gaskiya ne, da yawa daga cikinsu a jiƙaƙƙen wuri suke rayuwa a tsaunukan Dirakensbag na Afirka ta Kudu da Lesoto. Amma ruwan can mai sanyi ne, gangarowa yake yi, ba kwanciya ba, kuma tsiron da ke can ba wanda ya sa masa wuƙa jiya. Tsiro ne mai son danshi lokacin da yake girma, ba kamar kabar giwa ba, abin da ba ya so shi ne wuyansa ya zauna cikin taɓo.

Ranar da za ki yi aikin, in ba a yi ruwa ba ki jiƙa gindin tun daren jiya, ki fara da sassafe ko da la'asar sakaliya. Ki tattara ganyen ki ɗaure da igiya, ko ki rage shi tun a tsaye, don gefen ganyen wasu irin yana da kaifi-kaifi, yana kuma shiga ido. Ki ja baya daga gindin kamar taƙi ɗaya da rabi ki fara haƙa a kewaye, zurfin kamu ɗaya ko kusa da shi, sannan ki cusa shebur ta ƙarƙashi ki banƙaro. Gindin shekara biyar yana da nauyi, ki nemi yaro ya taya ki. Za ki ji saiwoyi suna tsinkewa, kada hankalinki ya tashi, ba makawa sai wasu sun tafi.

Da ya fito, ki kai shi inuwa, ki kakkaɓe ƙasar, ki ɗauraye da bokitin ruwa don ki ga abin da kike yi. Za ki ga saiwoyi masu kaurin igiyar takalmi, wasu sun fi haka, launinsu rawaya-rawaya. Mai lafiya tana da tauri, in kika karya ta cikinta rawaya ne mai haske. Wadda ta mutu ruwan ƙasa ce, tana lotsewa a yatsa, fatarta na saluɓewa. A sama kuma za ki ga ganyen ba a watse yake ba, ƙungiya-ƙungiya yake, kowace ƙungiya ta fito daga kai guda. Waɗannan kawunan su za ki ƙirga. Na gefe sukan rabu da hannu in kika murɗa a hankali. Na ciki sai da wuƙa mai kaifi ko adda, ki ɗora a tsakanin kawuna biyu ki danna sau ɗaya, kada ki yi ta gurzawa kamar mai yankan kabewa da dakusasshiyar wuƙa, don raunin da ya dagargaje shi ne ƙofar ruɓa. Ki goge wuƙar da ruwan bilic da aka sirka ko ki ɗan gasa ta a wuta kafin ki fara, haka kuma duk sa'ad da ta ratsa ruɓaɓɓen wuri.

A nan kwaɗayi ke shigowa. Gindin da ke da kai ashirin, zuciya za ta ce miki ki fitar da dashe ashirin. Za su iya rayuwa, amma kai ɗaya tilo yakan ɗauki shekara biyu kafin ya yi abin kallo, kuma shi ne na farkon mutuwa in ruwa ya yi yawa. Ki bar kai biyu ko uku a kowane yanki, da saiwa cikin tafin hannu. Gara ki sami bakwai masu ƙarfi da ki sami ashirin da za ki yi ta jinya. Tsohon tsakiyar nan da ya zama itace, ba ganye ba sabuwar saiwa, ki yar da shi. Ƙananan da suka ɓalle da kansu ba a zubar da su, ki sa su a leda ko tukunya ki rene su a gefe, badi sa cike miki gurbi.

Ki datse ganyen kowane yanki ya rage kamar taƙi ɗaya. Na san yana da ciwo a ga kyakkyawan ganye a ƙasa, amma saiwar da aka rage ba za ta iya shayar da ganyen da ba a rage ba. Inda wuƙa ta bi, ki barbaɗa garin gawayi ko tokar itace mai sanyi, ki bar su a inuwa kamar awa ɗaya raunin ya tsane, saiwoyin kuma a lulluɓe da jiƙaƙƙen buhu.

Yanzu ga wurin da na fi so ki riƙe. Kada ki binne wuyan. In kika duba gindin ganyen za ki ga inda fari ya ƙare kore ya fara, nan ƙasa ta tsaya a da, nan kuma za ta tsaya yanzu. Ki haƙa rami mai faɗi, ki tara 'yar ƙasa a tsakiyarsa kamar malmalar tuwo, ki ɗora yankin a kai, ki baza saiwoyin su gangara ta kowane gefe, ki mayar da ƙasa ki danna da tafin hannu. Ni da nake faɗa miki haka, da kaina na koya. Shekarar da na fara wannan aiki na raba wani babban gindi gida goma sha biyu, na ga suna rangaji saboda iska, sai na tara musu ƙasa a wuya kamar yadda ake yi wa dawa huɗa. Har ƙarshen Yuni ba abin da ya nuna. Cikin Agusta na ga ganyen tsakiya na ɗaya ya yi rawaya, na kama shi da yatsa biyu sai ya zaro ba gardama, ƙarshensa baƙi, yana wari kamar ruɓaɓɓiyar albasa. Na bi layin ina ja, tara suka biyo hannuna. Ukun da suka tsira su ne na ƙarshen kunya, inda ruwa ya zaizaye ƙasar da na tara. In dashe yana rangaji, a kafa masa kara a ɗaure, ba a ƙara masa ƙasa.

Tazara tsakanin ɗaya da ɗaya santimita 45 zuwa 60, manyan iri masu sanda ta wuce ƙirjin mutum har 90. Zai yi miki kamar wurin ya yi fili da yawa, shekara biyu za su rufe shi. Ki ba su ruwa sosai sau ɗaya bayan dasawa don ƙasa ta kama saiwa, daga nan ki riƙa soka yatsa, in kika ji danshi a gaɓa ta biyu ki ƙyale su. In rana ta yi zafi a makon farko, ki kara musu ɗan ganyen dogon yaro ko tsohon buhu ta yamma. Ciyawa ko ɓuntun shinkafa da za ki shimfiɗa don riƙe danshi, ki bar tazarar yatsu huɗu tsakaninsa da wuyan. Takin zamani kuwa ki ɗaga masa ƙafa sai kin ga sabon ganye, shi ma ɗan kaɗan, don yawan yuriya ganye yake ƙarawa ya hana fure. Alamar cewa ya kama ita ce sabon ganye ya leƙo daga tsakiyar wanda kika datse, yawanci cikin mako biyu zuwa huɗu. Dodon koɗi yana son wannan sabon tohon, ki zagaya da tocila bayan isha'i ki tsince su. Wasu daga cikin dashen za su yi fure a shekarar, wasu sai ta gaba, wannan ba ciwo ba ne.

In kina tsoron tone gindin gaba ɗaya, akwai hanya mai sauƙi. Ki tone ƙasa ta gefe ɗaya kawai har ki ga inda ɗa ya manne da uwa, ki sa wuƙa ki yanke shi da saiwarsa, ki cike ramin da ƙasa mai taki. Uwar ba za ta ma san an yi ba, furenta ba zai tsaya ba. Wannan ya dace da mai son biyu ko uku don kyauta. Amma naki da fure ya riga ya ragu, tonewar ita ce maganinsa.

Sai kwalba. Da farko ki duba ko abin da kika tara iri ne na gaske. Bayan fure ya bushe, ƙananan ƙwallaye kore suke fitowa a jikin sandar, kamar girman wake, su koma ruwan ƙasa, su tsage gida uku. Irin yana ciki, baƙi-baƙi ne mai kusurwa, ya yi kama da irin albasa. In an tsinke ƙwallayen suna kore, ba abin da zai fito. Gindi ɗaya shi kaɗai a gida sau da yawa ba ya ɗaure 'ya'ya da yawa, ya fi yi in akwai wani daban kusa da ƙudan zuma da ƙananan tsuntsayen nan masu dogon baki masu shan ruwan fure za su haɗa su.

Abu na biyu, kuma shi ne dalilin da ya sa ban fara da iri ba: galibin nifofiyar da ke lambuna haɗe-haɗe ne. Tun ƙarni na 19 masu lambu a Jamus da Ingila suke aurar da iri da iri, tsiron kuma da ma ba ya ƙin hakan, ko a daji yana yi. Saboda haka ɗan da ya fito daga ƙwaya ba dole ya ɗauko uwarsa ba. Na taɓa renon tire guda daga uwa ja mai kyau, bayan shekara uku na sami masu ruwan lemo, da masu rawaya fau, da wasu masu launin da ba shi da suna, gajeru da dogaye. Biyu daga ciki sun fi uwar kyau, gaskiya, sauran kuwa ba wanda zai tsaya kallonsu. Ke da kike son layi guda mai kama ɗaya a bakin katanga, rabo ne zai ba ki haka, don kowane yanki uwar ce da kanta.

In duk da haka kina son gwadawa, kuma ina ganin ya kamata ki gwada ko don nishaɗi, kada ki bar irin ya shekara, sabo ya fi tsirowa. Sanyi yana taimaka masa ya farka, ki cakuɗa shi da yashi mai ɗan danshi a leda ki ajiye a firiji mako huɗu zuwa shida, ɓangaren kayan miya, ba inda ake ƙanƙara ba. In wuta tana yi muku wasa kada ki damu, sanyin Disamba da Janairu na Jos yana yin rabin aikin, ki shuka a lokacin. Ki sami tukunya ko leda mai zurfi mai huji a ƙasa, ki cika da yashi da tankaɗaɗɗen taki rabi da rabi, ki yayyafa irin a sama, ki rufe da ƙasa sama-sama, kaurin da bai wuce rabin santimita ba. Ki ajiye inda haske yake amma rana ba ta dukansa, ki riƙa yayyafa ruwa da hannu. Yana son ɗumi madaidaici, wajen digiri 15 zuwa 20. Daga mako uku zuwa shida za su fara leƙowa, ba tare ba, yau biyu jibi biyar, sirara kamar yayyafin albasa, har mai shara yakan ɗauka ciyawa ce ya cire. Da sun yi ganye uku ko huɗu ki raba su leda-leda, su zauna nan har saiwa ta cika ledar, sannan su shiga ƙasa farkon damina. Fure sai shekara ta biyu in an yi sa'a, galibi ta uku.

Maganar ƙanwarki, ki faɗa mata gaskiya tun kafin ta sa rai. Jos tana kan tudu mai tsayin kusan mita 1,200, darenta da sanyi, shi ya sa nifofiya ta karɓe ki. Mambila da ta fi Jos tsayi ta fi ma dacewa da ita. Kano kuwa a Afrilu zafi yana kai digiri 40, dare ma ba ya hucewa sosai, kuma ɗumin dare haɗe da jiƙaƙƙiyar ƙasa shi ne abin da wuyan tsiron nan ba ya ɗauka. Zai iya rayuwa, fure ne ba na yi mata alkawari. In ta nace, ki ba ta yanki mai kai uku, ba ƙarami ba, ki kai mata a Nuwamba, hunturu na shigowa, don ya sami wata uku na sanyi ya kafu. Ki naɗe saiwar da jiƙaƙƙiyar jarida, ki sa a kwali ba a ɗaurarriyar leda ba, kada kuma ya yi tafiyar a but ɗin mota. Ta dasa a babbar tukunyar ƙasa, wadda ke huce saiwa fiye da roba, ta ajiye ta gabashin ɗaki inda hantsi zai same ta, daga azahar inuwa ta rufe ta. In bazara ta tsananta ta jawo tukunyar ƙarƙashin bishiya, in damina ta sauka ta ɗora ta kan bulo biyu don ruwa ya riƙa fita ta ƙasa. Ke kuma ki riƙe ɗaya daga cikin ƙananan nan na leda da sunanta, ko da za ta sake aikowa.